Takardar Da Na Kai Makka Na Dawo Da Ita

Sana'ata ɗinki. A Sakkwato aka haife ni, cikin tsohon gari, kuma daga ƙofar gidanmu zuwa Hubbaren Shehu tafiya ce da ba ta sa mutum gumi. A 2019 Allah Ya kira ni na sauke farali. Cikin ƙaramar jakar da na rataya a wuya, tare da fasfo da kuɗin guzuri, akwai wata takarda da ta girme ni da shekara 21.

Kakana, mahaifin babana, ya bar gida a 1946 da niyyar zuwa Hajji a ƙasa. Bayan an gama girbi ya sayar da abin da zai sayar, ya ɗauki sanda da buta da buzunsa, ya bar kakata da ciki wata huɗu. A wancan zamanin ba wanda ya ga abin mamaki a ciki. Hanyar gabas tsohuwar hanya ce: Kano, Maiduguri, Fort Lami wadda yau ake kira Injamena, Abeshe, sai a tsallaka Sudan ta Jinaina, a bi Fashir da Ubayyid, har a dangana da Sawakin a bakin Bahar Maliya, inda ake shiga jirgin ruwa zuwa Jidda. Mutum ya yi ta tafiya, in guzuri ya ƙare ya tsaya ya yi ƙwadago, ya tara, ya ƙara gaba. Wani shekara biyu, wani bakwai, wani kuma tafiyar ke nan. Mu Sakkwatawa ma hanyar kamar tamu ce, domin a 1903 da Turawa suka ci garin, Sarkin Musulmi Attahiru gabas ya nufa da jama'arsa. Shi ya yi shahada a Burmi, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ci gaba da sauran mutane har bakin kogin Nilu, kusa da Sinnar, inda garin Mai Wurno yake har yau. Saboda haka duk wanda ya tashi daga nan ya san akwai 'yan'uwa a gaba.

Shekara uku babu labari. A 1949 wani alhaji da ya dawo ya kawo takarda da ajami, ita ce wadda na faɗa. Ba ta da tsawo. Bayan gaisuwa, ya ce yana Wad Madani yana tsinkar auduga a gonakin Jazira, kuɗin jirgin ruwa sun kusa cika. In namiji aka haifa a sa shi makarantar allo da wuri. Sannan akwai sule uku da wani mai goro ke binsa, a sayar da akuya a biya. Daga wannan ba a ƙara ganin rubutunsa ba. Sai ji-ta-ji-ta: wani ya ce ya gan shi a Makka yana ɗaukar ruwa a garwa yana sayar wa alhazai, ya rame ƙwarai, wani ya ce ai bai taɓa tsallaka teku ba, aure ya yi a Sudan.

Kakata, Iya muke ce mata. Dangi sun matsa mata ta kai magana gaban alƙali, tunda a mazhabarmu ta Malikiyya matar da mijinta ya ɓata tana jiran shekara huɗu bayan ta kai ƙara, ta yi idda, ta yi aure. Ta ƙi. Ta riƙe babana da sana'ar ƙuli-ƙuli da man gyaɗa. Abin da na buɗe ido na gan ta tana yi shi ne zuwa Hubbare. Duk Juma'a da safe za ta yi wanka, ta ɗaura zane mai tsabta, ta ƙulla ɗan gero ko kwabo na sadaka, ta tafi. In matan ƙauye 'yan taru suka shigo gari ziyara, jajinsu, wato jagorarsu, a gaba da malfa a kai, Iya takan bi su kamar da ita aka taso. Tun ina ƙarami take jana. Na san inda ake tuɓe takalmi, na san sanyin ƙasar wurin a tafin ƙafa, na san Shehu ya rasu a 1817 tun kafin a koya mana a makaranta, na san 'yarsa Nana Asma'u ma a nan take kwance.

Da na kai shekara 20 na shiga karatu, karatun ya hau mini kai. Wata Juma'a na tare ta a zaure, a gaban ƙannena, na ce mata wannan yawo da take yi bidi'a ne, matacce ba ya amfanar da kowa, masallatai uku kaɗai aka ce a ɗaura niyyar tafiya zuwa gare su. Na jawo hadisi, na jawo Larabci. Ta tsaya tana kallona har na gama. Sai ta ce, "Ɗan nan, ni ba roƙo nake zuwa yi ba, gaisuwa nake zuwa. Wanda na san inda yake kwance shi nake gaisarwa." Ta gyara mayafi ta wuce. Ba ta ƙara nemana in raka ta ba har ta rasu a 1998.

Har gobe ina nan a kan cewa ɗibar ƙasar kabari a jiƙa a sha ba daidai ba ne, kuma na sha ganin masu yi. Amma Iya ba ta cikinsu, ziyarar makabarta kuwa sunna ce. Ni ne na haɗa komai a kwando ɗaya don in ji daɗin bakina.

Kuɗin kujera a shekarar da na tafi kusan naira miliyan ɗaya da rabi ne. Shekara tara ina tarawa, daga ɗinkin salla zuwa adashi, na ƙara da kuɗin wani ɗan fili. Da suka cika na kai wa babana, kamar yadda ya kamata, na ce, "Baba, ga kujera." Yana da shekara 72 a lokacin, kuma da sauran ƙarfinsa. Bai ko dubi kuɗin ba. Ya ce in tafi, shi ya yafe. A rayuwata ban taɓa jin ya ambaci mahaifinsa ba, ban kuma taɓa ganin ya je taryar alhaji ba, ko na maƙwabta ne. Daren da za mu shiga sansanin alhazai ya kira ni ɗaki, ya buɗe tsohuwar adakar Iya, ya miƙo mini takardar a naɗe cikin leda. Ya ce, "In ka samu sarari, ka tambaya."

Akwai wata mata Kirista, 'yar Zuru, da na daɗe ina yi wa ɗinki. Ta je Kudus ziyara shekarun baya, ni ma na ɗinka mata farar rigar da ta shiga kogin Urdun da ita. Ita ta fara gaya mini cewa makullin babban cocin da suke cewa a nan kabarin Annabi Isa yake, a hannun wasu iyalan Musulmi yake tun ɗaruruwan shekaru, su ke buɗewa da safe. Na ɗauka zolaya ce sai da na bincika. Da ta ji zan tafi ta zo shago ta ce, "Malam, shawara biyu: ka sayi takalmi mai laushi, kuma kada ɗaukar hoto ya cinye maka wurin." Duk cikin masu yi mini nasiha babu wanda maganarsa ta yi mini amfani kamar tata.

Daga Sakkwato zuwa Madina kimanin awa biyar muka yi a sama. Aka kawo abinci, na ci, na yi gyangyaɗi, na farka. A ƙarƙashinmu Chadi da Sudan ne, ƙasar da mutumin nan ya yi shekara uku yana takawa bai ma kai bakin ruwa ba. Sai na ji shinkafar ta tsaya mini a ƙirji.

Na shiga Rauda, na yi sallama ga Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, cikin turereniya da askarawa na cewa a wuce. Amma wurin da ya kama ni shi ne Baƙi'a, makabartar da ke jikin masallacin ta gabas. Ana buɗe wa maza bayan Asuba. Na shiga da tunanin zan ga wani abu irin Hubbare, ko wanda ya fi shi. Fili ne fetal, tudun ƙasa bayan tudun ƙasa, kowanne da ɗan baƙin dutse a kai, babu suna, babu rubutu, sai tattabaru. A nan Sayyidina Usman yake, da mafi yawan matan Annabi, da ɗansa Ibrahim, da Imamu Malik wanda muke bin mazhabarsa tun daga Risala har Muwaɗɗa. Da akwai ƙubbobi a kan wasu kaburburan, aka rushe su a shekarun 1920 bayan Saudiyya ta karɓi garin. Abin da na yi wa Iya wa'azi a kai ke nan, ga shi an aiwatar da shi sarai a gabana. Ya kamata in ji daɗi.

Kusa da ni wani dattijo ne, daga shigarsa na ɗauka mutumin Iraƙi ne ko Iran. Ya kama ƙarfen shinge yana kuka kamar yau aka yi masa rasuwa. Gefe guda wasu Turkawa sun buɗe taswira a waya suna nuna wa juna, wannan tudun na wane ne, wancan na wance. Wani ɗan Indunusiya ya tsaya shiru da hannuwa a ƙirji. Askar ya zo ya taɓa kafaɗar mai kukan, ya saki ƙarfen ya matsa taku biyar, ya sake kamawa. Ba ruwana da aƙidarsa, kuma na san in aka zauna za mu saɓa a abubuwa da yawa. Amma na gane tsayuwar nan. Haka Iya ke tsayawa.

Muka ɗaura harami a Zul Hulaifa, motoci suka kwashe mu fiye da kilomita 400 zuwa Makka. Ba zan iya ba da labarin ganin Ka'aba ba, waɗanda suka fi ni baki sun gwada. Abin da zan ce, duk addu'o'in da na haddace don wannan lokaci sun gudu, na tsaya baki buɗe har wani ya ture ni.

Bayan mun yi Umara muna jiran ranar fita Minna, na shiga neman da aka aiko ni. Aka ce in je Shara Mansur. Wanda bai je ba ba zai yarda ba: unguwa ce a tsakiyar Makka da za ka ji Hausa ta ko'ina, ga tuwo da miyar kuka, ga masu tsire, ga mata takari na sayar da kaya a ƙasa suna waige-waigen 'yan sanda. Daga mai shayi zuwa mai wanki, daga mai wanki zuwa limamin wani ƙaramin masallaci, aka kai ni wurin wani tsoho da aka ce babu wanda ya fi shi sanin mutanen da. Yana zaune a kan katifa a wani ɗaki mai fanka ɗaya. A Sudan aka haife shi, iyayensa mutanen Haɗeja ne da suka taso Hajji, aka shigo da shi Makka yana yaro. Hausarsa tsohuwa ce, da Larabci a cikinta kamar gishiri. Bai taɓa ganin Najeriya ba.

Ya karɓi takardar da hannu biyu, ya kai ta kusa da ido, ya karanta a bayyane ba tare da tuntuɓe ba. Da ya zo kan sule uku na mai goro ya yi dariya har da tari. Ya tambayi sunan kakana da na mahaifinsa da unguwarmu, ya rufe ido ya daɗe. Sannan ya ce, "Ɗana, ban san shi ba. Kuma kada in ruɗe ka, babu shekarar da wani ba ya zuwa mini da irin wannan takarda."

Ya ce masu ɗaukar ruwa a garwa a wancan lokacin ba su ƙirguwa, yawancinsu mutanenmu ne. Ya ce da yawa ba ta Sawakin suka bi ba, domin can akwai binciken takardu da killace mutane saboda cuta. Cikin dare suke shiga ƙananan jiragen ruwa na katako, a sauke su a wani gaɓar da babu kowa, su ƙarasa a ƙasa, wasu ƙishirwa ta kashe su kafin su ga gari. Makkar da kakana zai iya sani ma babu ita. Tun 1955 aka fara faɗaɗa masallaci, ana rushe unguwa bayan unguwa. Safa da Marwa da na yi sa'ayi a cikin sanyin na'ura, a kan marmara, a zamaninsa titi ne da shaguna hagu da dama. Inda gidajen talakawa suke yanzu benaye ne, ga dogon ginin agogo mai kusan mita 600 yana leƙen Ka'aba ta sama.

Na ce to kabari fa? Ya ce in a nan ya rasu a waɗannan shekarun, mai yiwuwa makabartar Ma'ala aka kai shi, inda Nana Khadija take. Amma a Makka ba a rubuta suna, kuma bayan wasu shekaru akan buɗe kabari a sa wani. "Ko sarki ne haka. Kana neman mutum ɗaya a cikin ƙasar da ta haɗiye mutanen duniya." Sai ya ƙara da cewa, "Ka dai ji abin da ake kira bayan kowace salla a Harami? In nan ya mutu, an kira masa shi."

Na ji mana. Kusan babu sallar farilla da za a idar ba a ce a yi sallar gawa ba. Kwanakin farko ina tashi ne kawai don kowa ya tashi. Daga ranar nan, in aka kira, sai in ga mutum ramamme da kafaɗa mai kanta saboda sandar garwa, an shimfiɗe shi a gaban liman, dubban mutanen da ba su san sunansa ba suna yi masa kabbara huɗu. Ban san ko haka aka yi ba. Wataƙila yana kwance a Wad Madani, jikokinsa na can suna jin Hausa sama-sama.

Da zan tafi na ba tsohon riyal 50, ya ƙi karɓa, ya ce in dai ina da goro. Ina da shi kuwa. Na tambaye shi ko yana sha'awar ganin gida. Ya ce, "Wane gida? A Sudan Fallata suke ce mana, a nan takari, in na je Haɗeja su ce Balarabe ya zo. Ni dai ina roƙon Allah Ya ɗauke ni a nan kafin a ce takarduna sun mutu."

Washegari na je Ma'ala. Daga bakin shinge na yi sallama irin wadda aka koya mana a yi wa mutanen makabarta, na ambaci sunansa, na ce in kana nan ga jikanka, ɗan da ka bari a ciki namiji ne, an sa shi makarantar allo, an biya mai goro. Ina faɗa ina jin kunyar kaina, mutum mai shekara 49 yana magana da fili. A nan maganar Iya ta dawo mini, har da yadda ta gyara mayafi. Na zauna a gefen titi na yi kukan da ban yi ba ranar da aka binne ta.

Ranar Arfa ta kama 10 ga Agusta. Zafi tun safe kamar a bakin tanda, mutum kusan miliyan biyu da rabi a fili ɗaya. Da rana ta karkata sai hadari ya haɗu, aka tsuge da ruwa. Mutane suka fito daga tantuna da harami jiƙe sharkaf, hannuwa a sama, kowa na kuka da harshensa. Na yi wa kakana addu'a, amma Iya ce ta cika mini baki.

Bayan an gama jifa mun dawo Makka, na gaya wa malamin tawagarmu ina so in yi wa kakata Umara. Ya ce a Malikiyya ba a son maimaita Umara a shekara ɗaya, ko da yake wasu malamai sun halatta. Na ce na ji, Allah Ya gafarta malam. Na hau mota zuwa Tan'im, masallacin Nana A'isha, na ɗaura harami da sunanta. Matar da ta yi shekara 52 tana jiran wanda ya tafi garin nan, ba ta taɓa wuce Gusau ba.

Na dawo da abin da kowa ke dawowa da shi: dabino, bagaruwa, tasbaha, hula, da jarkar zamzam mai lita 5. Haƙorin Makka dai ban sa ba, matata har yau tana mita. 'Yar Zuru na kawo mata turare. Wata Juma'a kuma na bi ta Hubbare, karo na farko cikin kusan shekara 30, na tuɓe takalmi a inda ake tuɓewa, na yi sallama na fito. Na so in bi sawun takardar har Wad Madani, na fara tari ma, sai yaƙi ya ɓarke a Sudan a 2023, kafin ƙarshen shekarar ya ci garin.

Amma daren da na sauka, bayan 'yan barka sun watse, babana ya kira ni ɗaki. Na mayar masa da takardar, na gaya masa gaskiya, ban samu komai ba. Na ba shi labarin tsohon Shara Mansur, da Ma'ala, da sallar gawa. Bai ce uffan ba. Ya sa aka zuba masa zamzam a kofi, ya miƙe tsaye ya fuskanci gabas ya sha, ya ce a ajiye masa saura na likkafani. Har na kai bakin ƙofa ya kira ni.

"Daga Jidda zuwa Makka, in a ƙasa ne, kwana nawa?"

Na ce bai wuce biyu ba, uku in mutum ya gaji.

Ya jinjina kai, ya warware ledar, ya miƙo mini takardar. Ya ce idonsa ba ya gani da dare, in karanta masa.